Shaida na Biyu

Ni matsoraci ne, kuma gara in faɗa da bakina kafin wani ya riga ni. Tun ina ƙarami, in kare ya yi haushi a ƙofar gidanmu ta bayan gida nake fita. To irin wannan mutum ne ya tashi neman aure a shekarun aikin madatsar ruwa ta Bakolori, lokacin da ko masu zuciya ma ƙasa-ƙasa suke magana.

Ƙauyenmu yana tsakanin Bakura da Talata Mafara. Da aikin ruwa ya iso mu, manyan motoci suka baje gonaki, suka tumɓuke itatuwa, har mutum ya tsaya a gonar ubansa ya kasa gane iyakarta. Damina ta wuce ba mu yi shuka ba, wata ta sake wucewa. Daga nan manoma suka fara tare hanyar da motocin aikin suke bi, su shimfiɗa tabarmi su zauna da butocinsu. Wata safiya aka kawo masu bindiga. Abin da ya faru a ranar kowa a ƙasarmu ya sani, amma an daɗe ba a sami wanda ya yarda ya ce da idonsa ya gani ba.

Maƙwabcina, wanda darni ɗaya ne ya raba gidanmu da nasa, ya fita a safiyar nan bai dawo ba. Ba a kawo gawarsa ba, ba a kuma ji yana tsare a wani wuri ba. Ni na dawo da la'asar ƙafa ba takalmi, na ce wa mahaifiyata kasuwar Janbako na je duba akuya. Ƙarya ce. Tare muka fita da shi, kuma ina gefensa lokacin da ya faɗi. Amma na yi ta maimaita zancen akuyar nan har ni kaina na fara ganinta, ja ce mai farin goshi.

Matarsa ta jira har ta gaji, ta koma gidan ubanta a Bakura da 'yarta a goye. Uban mahauci ne, yana da rumfa a kasuwa. Shekara ta zagayo, ta biyu ta kusa cika, sai na lura na zama mai son nama, ni da a da sai da salla nake ganinsa. Duk ranar kasuwa ina rumfar tsohon, ina jiran ta kawo masa fura mu gaisa. Na san muryarta tun tana bayan darninmu, na san yadda take dariya in ana hira. Dariyar ce ta daina, ni kuma na sa a raina zan dawo da ita.

Na tura ƙanin mahaifina ya yi magana. Mahaucin ya kira ni da kansa, ya ce limamin unguwarsu ya ƙi. A wurin shari'a 'yarsa matar aure ce har yanzu, tunda ba wanda ya tabbatar mijinta ya rasu.

"Ni ban ƙi ka ba, yaro," in ji shi, yana goge wuƙa a gefen zanensa. "Amma liman ba shi ɗarma arme bisa arme. Ka taho mani da takardar alƙali, in ba ka ɗiyata."

Muka tafi kotu a Talata Mafara, ni da shi. Tun daga bakin ƙofa na so in juya, don a lokacin ko hular ma'aikaci na hango sai in sake hanya. Alƙalin dattijo ne mai magana a hankali. Ya fara da yi mini faɗa a kan neman matar da ba a san matsayinta ba, sannan ya shimfiɗa mana hanya biyu. Ko dai ta jira shekara huɗu daga ranar da aka kawo maganar, ta yi takaba, sannan ta yi aure. Ko kuma a kawo maza biyu da suka ga mutuwar mijin da idonsu, su rantse, magatakarda ya rubuta sunayensu da garinsu, su dangwala yatsa. In an samu haka, ranar zai ba da takarda.

Wannan rubuta suna shi ne masifar. Ana ta faɗa a gari cewa duk wanda sunansa ya shiga takarda a kan yana wurin tare hanya, za a zo da mota a ɗauke shi, in kuma ya tsira ba zai ga ko taku ɗaya ba a rabon sababbin gonaki. Ban san ko gaskiya ne ba, har yau ban sani ba. Amma mun yarda da shi yadda muka yarda gobe rana za ta fito.

Na hau kekena na shiga neman shaidu. Na je Dakko, na zaga ƙauyukan gefen gulbi, na bi duk wanda na tuna na ga fuskarsa a kan hanya ranar nan. Za a shimfiɗa mini tabarma, mu gaisa mu tambayi gida da gajiya da dabbobi, a kawo ruwa. Da na taɓo abin da ya kawo ni, sai fuska ta canza, mutum ya waiga ya ga ko akwai mai ji. Abin mamaki, kusan kowa kasuwar Janbako ya je a ranar. Da duk waɗanda suka faɗa mini haka suna can, da kasuwar ba ta ɗauke su ba. Ni kuma, don rashin kunya, har fushi nake yi da su. A kan hanyar komawa ina tuƙa keke ina zaginsu a zuci, wai matsorata, wai ba su tausayin marainiya.

A ƙarshe na sami mutum ɗaya, wani tsoho mai saƙar tabarma a bayan Dakko. Ya ce gonarsa ta tafi, 'ya'yansa sun watse, bai ga abin da ya rage a ƙwace masa ba. Yana cikin waɗanda suka ja gawawwaki gefen hanya bayan an lafa, kuma ya gane maƙwabcina. Ranar zaman kotu na ɗauko shi a bayan keke. Mun yi nisa sai na ji muryarsa a bayan kunnena.

"Na gan ka rannan, ɗana, kusa gare shi. Ni ba ni hwaɗi. In ka so, kai ka hwaɗi."

Saura kaɗan in zubar da mu a cikin hanyar ruwa.

Ɗakin kotun ya cika da masu ƙararraki. Matar maƙwabcina tana zaune a can baya cikin lulluɓi, 'yar tana barci a cinyarta. Tsoho mai tabarma ya yi alwala, ya rantse, ya faɗi abin da ya gani, ya dangwala yatsa kamar mai karɓar goro. Alƙali ya tambayi na biyu. Mahaucin ya sunkuyar da kai ya ce ɗaya aka samu. Alƙali ya jira, ya sake tambaya, sannan ya ce tunda haka ne sai jira. Ba zan ɓoye ba, wani sanyi na ji a raina. Shekara huɗu ba komai ba ce, in ji zuciyata, zan jira, ba wanda zai san komai, sunana ba zai shiga littafi ba.

Sai na waiga. Ba kuka take yi ba. Yatsunta kawai na gani a kan bayan 'yar, tana lanƙwasa su ɗaya bayan ɗaya har huɗu, ta buɗe, ta sake lanƙwasawa. Ban san lokacin da na miƙe ba. Na ce ina wurin, da wata murya da ban taɓa jin ta fito daga bakina ba.

Alƙali ya juyo gare ni. Ya ce ba a karɓar shaidar mutumin da zai amfana da ita, don gobe wani zai iya kashe rayayye da baki ya auri matarsa. In ina son a saurare ni, sai in janye neman auren a gaban jama'a, janyewa ta har abada. In kuma auren nake so, in koma in zauna, a yi kamar ban yi magana ba.

Bencin yana nan a bayana, ina jin katakonsa a ƙwaurina. Na ce na janye.

Bayan na rantse na faɗi komai. Na faɗi yadda ya faɗi kusa da kwalbati, da inda jinin ya fito, da yadda ya riƙe mini riga. Na ce na laƙƙana masa kalmar shahada ya amsa, numfashinsa ya tsaya ina kallo. Na kuma faɗi abin da ba a tambaye ni ba, cewa ɓamɓare yatsunsa na yi daga rigata na faɗa rami na gudu, na bar shi tare da takalmana. Magatakarda ya tambayi sunana da na ubana da garinmu. Sannan ya kama mini yatsa ya dangwala a tawada ya danna a takarda.

A waje, ƙarƙashin dalbejiya, ta tsaya nesa da ni kaɗan, ubanta yana ninke takardar yana sawa a aljihu. Ba ta dube ni ba.

"Malam, da gaske ya yi kalma?"

Na ce ya yi.

"To alhamdu lillahi. Amma da ka hwaɗa mani tun rannan, da ban yi shekara biyu ina tashi tsaye duk sa'adda anka yi sallama ba."

Ta gyara goyonta suka nufi tasha.

Tawadar ta yi kwanaki a yatsana, ina yawo da hannu a aljihu. Wata guda ban yarda na yi nisa da gida ba. Sau biyu ina jin ƙugin mota daga nesa ina shiga rumbu ina ɓuya, mahaifiyata tana tsaye tana yi mini kallon tausayi. Ba wanda ya zo, amma ban daina saurare ba sai da aka yi shekaru.

Bayan kaka aka ɗaura mata aure da wani mai fataucin shanu daga Maradun. Mahaucin ya aiko mini da goron gayyata, na je, na zauna a bakin tabarma. Kafin a fara, liman ya ware takardar alƙali ya karanta da ƙarfi don kowa ya ji an cika sharaɗi. Ya kira sunan tsoho mai tabarma, sannan ya kira nawa da na ubana. A cikin taron akwai mutum uku ko huɗu daga waɗanda suka ce mini kasuwar Janbako suka je, na ga sun sunkuyar da kai, ni ma na sunkuyar da nawa. Aka shafa fatiha, aka miƙo mini goro, na sa hannu na karɓa.