Ma'azu, Mai Hana Mu Shiga Inda Ruwa Ya Kwanta

Ranar wata Juma'a, cikin ranin shekarar 2009, teku ta ɗauke ɗana Mansur. Shekararsa ashirin da biyu, kuma tafiyarsa ta farko ke nan biɗa, wato cin ranin da samarin Adar suke zuwa ƙasashen bakin ruwa in an gama girbi. Ya sauka ran Alhamis, ya shiga ruwa ran Juma'a da hantsi don ya yi wankan masallaci. Ba a kansa zan yi wannan rubutu ba. Zan yi shi a kan mutumin da ya rufe sana'arsa ya tafi nemansa, wanda yau yana nan Tawa da ransa, muna wuce shi kullum kamar turken lantarki.

Sunansa Ma'azu, mutumin Bambeye. Yara suna ce masa Baba Teku, kuma ba girmamawa suke nufi ba.

In ya idar da sallar asuba, yakan fito daga gidan ƙanwarsa Kadidiya, inda aka ba shi ɗaki a zaure, ya taka da sandarsa har tashar da motocin kudu suke lodi. Idonsa ya yi hazo, gishiri da ƙyallin ruwa sun cinye shi, amma sabon matafiyi ba ya ɓace masa. Shi ne yaron da ya rungume jakarsa ya ƙi yarda a ɗora ta bisa mota. Na tsaya na saurare su ba sau ɗaya ba.

"Kai, ɗan wane gari? Ina za ka?"

"Tebaram, Baba. Abijan za ni."

"Ka taɓa ganin teku?"

"Cikin waya."

"To zamna in gwada maka abin da waya ba ta gwada maka ba."

Sai ya tsuguna ya zana ƙasa da sanda. Nan kumfa, can kumfa, tsakaninsu fili. "Inda take ruri tana fari, turo ka take yi waje. Wurin ga na tsakiya, da ya kwanta lumui awa tabkin garinku, nan ne bakinta. In ta ja ka, kada ka yi kokawa da ita. Bi gefe, gefe, har ta sake ka."

Ɗan kamasho yakan leƙo. "Baba Teku an buɗe lakkwal, an fara darasi! Kai yaro, takalma za ka saida ko kifi za ka zama?"

"Rabu da shi, ɗana," in ji Ma'azu. "Wanga ko rijiya bai taɓa leƙawa ba sai uwarshi na riƙe da rigarshi."

A yi dariya, mota ta tashi. Wani yaron ya riƙe zancen, wani ya manta kafin Konni.

Kuskuren da yake yaƙi da shi namu ne, mu kaɗai. Ɗan Adar ya tashi ya san ruwa iri biyu. Akwai na ƙorama, wanda ke saukowa daga tsauni da damina yana ruri, yana tafiya da jaki da kayansa. Wannan uwa takan ja kunnen ɗanta a kansa. Akwai kuma na tabki, kwantacce, inda ake wanki, ake shayar da dabbobi. Mai ƙara shi ke kisa, mai shiru shi ne lafiya; haka jininmu ya karanta. A teku abin a juye yake. Ruwan da raƙuman teku suka watso gaɓa sai ya sami hanyar komawa, kuma hanyar ita ce wurin nan mai kyan gani da babu kumfa. Ɗan bakin teku ya san haka tun yana rarrafe. Namu yakan tsaya, ya duba dama da hagu da natsuwa irin ta mai hankali, ya zaɓi wurin da zai kashe shi.

Ma'azu ya bar Bambeye bayan yunwar 84. Ya ƙare a wani ƙaramin gari gabas da Abijan, wanda 'yan Adar suke kira Garin Kumfa don sunansa na asali ya fi ƙarfin harshenmu. Gari ne na masunta, sai kuma Turawa da ke zuwa hawan raƙuman ruwa a kan wani dogon allo. Namu suna ce musu masu hawan ƙyaure. Su ma, ba da nufi ba, sun taya teku. Ta wannan kwantaccen wurin suke shiga, don ya ja su ciki ba wahala. Baƙo ya ga Bature ya bi ta nan yana dariya, me zai hana shi?

Teburin kofi da burodi Ma'azu ya kafa a bakin yashi. A shekararsa ta farko abokin tafiyarsa ya shiga alwala, ruwa ya ja shi, Ma'azu yana tsaye da buta a hannu yana kallo har kan ya ɓace. Daga nan ya je wurin masunta ya ce su koya masa iyo. Mutum mai gemu, ya haura talatin, yana shan ruwan gishiri yana amai, matan masunta suna tafa hannu. Bai fasa ba. Wani mai hawan ƙyaure ya bar masa allon da ya karye, ya jingine shi jikin teburin. Da wannan rabin allo ya yi aiki shekara talatin da wani abu, ba wanda ya ɗauke shi aikin, ba wanda ya sallame shi.

Alhaji Muktari na Afala, mai shagunan kayan gini, ya ba ni labarinsa da bakinsa, yana kirana Mushe kamar yadda ake kiran malamin boko a nan. "Wallahi Mushe, na riga na yi shahada. Sai na ji an cafki gashina. Da munka fito, kafin in ce na gode, ya ɗauke ni da mari. Ya ce, ba jiya na zana maka ƙasa ba?" Alhaji ya yi dariya har da hawaye. Yau yana da bene mai hawa biyu da ƙofar ƙarfe. In ya wuce tasha ya hangi Ma'azu, yakan danna masa oda. Gilashin motar ba ya sauka. Akwai sanyi a ciki, kada ya fita.

Mansur bai sami zanen ƙasa ba. Da ya sauka Garin Kumfa ran Alhamis Ma'azu yana cikin gari wurin jana'iza, da safe kuma ya tafi ɗauko burodi. Kafin ya dawo an gama.

Da aka bugo mana waya, mahaifiyarsa Rahamatu ba ta yi kuka ba. Mata suka cika gida, ta ƙi karɓar gaisuwa. "Gaisuwar mi? Ku gwada mini kabari tukuna." Ɗan fari ne, ba ta taɓa kiran sunansa ba, ni ma sai a takarda nake iya rubuta shi. Dama tana da ciwon zuciya. Ta bar abinci, sai ruwa. Kowace safiya in na dawo masallaci ina tarar da ita zaune bakin gado, ta ɗaura kallabi kamar mai jiran baƙo.

"Malam, an sami yaron?"

"Tukuna."

Liman ya zo ya yi mata bayani cewa wanda ruwa ya ci shahidi ne. Ta saurara da ladabi, ta ce ta yarda, amma ita so take ta ji an yi masa wanka, an sa shi cikin ƙasa, fuskarsa na duban gabas. Ba ta roƙi a dawo mata da shi ba. Iyakar abin da ta roƙa ke nan, kuma ni, da duk littattafan da suka cika mini ɗaki, ban da hanyar ba ta shi.

Ma'azu bai san mu ba. Mansur ba ɗan garinsu ba ne, ko kofi bai taɓa saya wurinsa ba. Amma ya kife teburinsa, ya ɗauki likkafani a jaka, ya bi gaɓa ya yi gabas da ƙafa, don ya san can ruwan yake mayar da abin da ya ɗauka. Ƙauye bayan ƙauye yana tambayar masunta da harshensu. Ya yi makonni. A wani ƙauye aka ce masa e, ruwa ya kawo wani saurayi, sun turbuɗe shi a yashi sama da inda ruwa ke kaiwa, kamar yadda suke yi wa baƙon da ba a san nasa ba. Sun cire zoben hannunsa sun rataye a kan itacen da suka kafa. Zoben azurfa ne, ƙirar maƙeran Buzaye na kasuwar Tawa. Uwar ce ta saya masa ranar da zai tafi.

Ma'azu ya roƙi mai garin izini. Ya tone da hannunsa. Abin da ya tarar ban tambaye shi ba, shi ma bai taɓa faɗa ba. Ya zuba ruwa, ya naɗe a likkafani, masunta biyu suka ɗauko su a kwalekwale har Garin Kumfa. Ya tara 'yan zango aka yi salla, aka rufe shi a maƙabartar Musulmi. Da ya koma bakin yashi ya tarar wani ya kafa tebur a wurinsa. Ya koma can ƙarshe, inda ciniki bai kai ba.

Wayarsa ta same ni ina zaune kan tabarma ƙofar gida, ina karɓar gaisuwar rasuwar Rahamatu.

Bayan haka na bi duk abin da aka rubuta kan garin nan na karanta, don mai takaici ba ya rasa aikin yi. Tarihinsa a tsare yake. Akwai Turawan jirgin ruwa da suka fara sauka, akwai ɗan kasuwar manja da ya gina gidan dutse, akwai Baturen da ya fara kawo allo, da ɗan masuncin da ya ci gasa har aka kai shi ƙetare. Akwai ma wani mai otel da aka yaba da iya gasa kifi. Zangon 'yan Adar, da ya kusa shekara hamsin a wurin, ko layi ɗaya bai samu ba. Na yi fushi da su, fushi mai daɗi, irin wanda ba ya cin mutum komai. Sai Ma'azu ya dawo gida, fushin ya rasa wurin zama.

Ya sauka a tashar nan da jaka ɗaya da rabin allo. Mu kuwa ma'auninmu sananne ne: ɗan biɗa da rufin kwano ake gane shi, da babur, da ƙofar ƙarfe. A majalisu aka tambaya, "Mi ya kawo?" Aka amsa, "Ƙyaure, shi ma rabi." Aka yi dariya. Cikin masu dariyar akwai waɗanda ba don shi ba da yanzu matansu sun daɗe a wasu gidaje. Mutanen bakin teku da suka bar shi a waje ba su san shi ba ne. Mu mun san shi. Ina jin kunyar garina, ina jin kunyar tsararrakina, ina kuma jin kunyar cewa hannun da ya wanke ɗana ba nawa ba ne, kuma mai hannun yana kwana a zauren ƙanwarsa.

Ma'azu, kai ne ka koyi iyo da gemu ana yi maka tafi. Kai ne bangon 'yan Adar a inda ba bango. Kai ne ka san cewa uwar da ba ka taɓa gani ba tana jiran kabari, ka tafi ka samo mata. Ba ka kawo kwano ba, ka kawo mutane. Suna nan suna yawo cikin Tawa da Afala da Tebaram, sun yi tumbi, sun aurar da 'ya'ya. Na gode. Allah ya saka maka da abin da mu muka kasa, ya haskaka idonka ranar da ido ke da amfani.

Ku kuma iyaye, girbi ya kusa. Kafin ku sa wa yaro albarka, ku kama hannunsa ku kai shi tasha ya tsuguna gaban zanen nan. Ku da kuka daɗe a bakin ruwa, kowa ya zana wa na bayansa. Sanda da ƙasa kawai ake bukata. Wanda kuma aka taɓa jawowa da gashi, ya san kansa. A sauke gilashi, a fito a gaisa da hannu biyu.

Watan jiya na je tasha na zauna kusa da shi, na ce zan rubuta sunansa a jarida. Ya juya kofin shayinsa.

"Mushe, kada ka wahal da biro. Na makara. Da na fara ta ƙauyen can na ƙarshe, da Hajiyarka ta ji da kunnenta. Ka yafe mini."

Shi ke neman gafarata. Na ce masa bai makara ba, na faɗa na sake faɗa, har ɗan kamasho ya juyo yana kallonmu. Wannan dai na samu na faɗa wa mai shi.

Ɗayar maganar ce ta rasa mai ji. Kowace safiya ina dawowa masallaci da ita a bakina, in tura ƙofa, in tarar da gadon a shimfiɗe.

An same shi, Rahamatu. An yi masa wanka, yana cikin ƙasa, yana duban gabas.