Tsugunau, Mai Yankan Farcen da Ya Ƙi Yanka

Kafin direbobin tasharmu su gama ɗumama inji, Tsugunau ya riga ya kunna ɗan rishonsa a bayan rumfar masu faci. Ba shayi yake dafawa ba. Almakashi ne a cikin tukunyar, da 'yar magagari, da wani ƙarfe mai lanƙwasasshen baki kamar filaya. Sai sun tafasa sun yi ta ƙara a gindin tukunya, sannan ya tsame su ya jera a kan farin tsumma. Ya ajiye benci, ya ajiye baho, ya ajiye guntun katakon da mutum ke ɗora diddige a kai, ya tsuguna. Daga nan ba ya miƙewa sai lokacin salla, ko in ruwan zafi ya ƙare. Nan sunan ya samo asali, ya kuma bi shi har gida, jikokinsa ma da shi suke kiransa.

Mai yankan farce ne. Na faɗa da wuri don wanda ke jiran labarin wani babban mutum ya wuce abinsa. Ƙarshen watan nan zai ajiye aikin. Ido ya fara yi masa hazo, ya ce shi ba zai ɗora ƙarfe a kan naman mutum yana lalube ba. Shi ya sa na ga gara a faɗi abin da ya yi tun yana jin magana da kunnensa.

Rumfar da nake walda tana kallon bencinsa, don haka ba labari aka ba ni ba. Na ga ƙafafun da masu su ma ba sa son kallonsu. Akwai farcen da ya yi kauri ya yi ruwan ɗorawa, in ka ƙwanƙwasa shi kamar kofato. Akwai wanda ya murɗe ya yi gefe kamar ƙahon rago. Akwai wanda gefensa biyu suka lanƙwasa suka kama naman yatsa kamar an matse da filaya, mai shi yana tafiya yana cije leɓe, in ka tambaye shi ya ce tsakuwa ce ta shiga takalmi.

Tsugunau ba ya fara duba ƙafa. Takalmi yake cewa a miƙo masa. Ya zura hannu ciki har ƙurya, ya shafa, ya jinjina kai.

"Wa ya ba ka wannan?"

"Saya na yi."

"To wanda ya sayar maka ba ya ƙaunarka. Yatsu biyar ka cusa a ɗakin mutum uku."

A wurinsa na ji cewa farce ba ya lalacewa haka kawai. Wani takalmi ne ya matse shi shekara da shekaru. Wani ƙarfe ne ya taɓa faɗo masa, tushen ya ji rauni, tun daga nan yake fitowa a karkace. Wani cuta ce ta shiga ƙarƙashinsa, 'yar'uwar makero, mai son danshi da safar da ba a wankewa. Wani tsufa ne kawai, wani kuma gado, in ka duba ƙafar ubansa haka take. Amma abin da ya fi ba shi haushi shi ne wanda mutum ya jawo wa kansa da reza. Sai ya zauna ya bi gefen farce yana ƙwaƙula, yana zagaye shi wai don ya yi kyau, ya bar ɗan tsini a ƙurya. Tsinin nan ne zai girma ya nutse cikin nama.

"Farcen ƙafa a miƙe ake yanka shi," haka yake cewa kullum. "Ba bakin kwano ba ne da za ka ce sai ya zagaye."

Aikinsa ba ya gaggawa. Ya jiƙa ƙafa a ruwan ɗumi da gishiri har farcen ya yi laushi. Ya bi mai kaurin da magagari a hankali, yana rage shi daga sama. Ya datse bakin kaɗan kaɗan. In gefen ya fara cin nama amma bai yi ciwo ba, ya ɗaga shi ya tura 'yar auduga ƙarƙashi, ya ce a riƙa canzawa, a kuma nemi takalmi mai faɗin baki. In ya ga cutar nan ce ta ƙarƙashin farce, ba ya ɓoye maka: shi zai rage kauri ne kawai, magani sai asibiti, kuma watanni ake yi ana sha ko ana shafawa, sai sabon farce ya turo tsohon ya fita. Wata nas da yake zuwa gyara wa mahaifinta ƙafa ce ta koya masa irin ƙafar da ba a taɓawa a bakin titi, ya kuma riƙe.

Abin da ya sa manya ke yarda su cire safa a gabansa shi ne bakinsa. Namiji zai nuna maka ciwon da ke bayansa, amma ƙafar da ta lalace kunya ce. Akwai mutanen da matansu ba su ga yatsunsu ba an daɗe, Tsugunau ya gani. Ba a taɓa jin ya ce ƙafar wane kaza ba. In ana hira aka tsokane shi, sai ya ce shi bai san fuskar kowa ba, kansa a ƙasa yake.

Sau ɗaya ya buɗe bakin nan, kuma a kan yayana ya buɗe shi.

Yaya direban babbar mota ne. Dogo ake ce masa a tasha. Shi da Tsugunau abokai ne tun suna da baƙin gashi, in ya dawo daga tafiya benci yake fara nufa kafin gida, su yi ta zagin juna suna dariya. Yaya yana da ciwon suga, yana kuma shan maganin ne in ya tuna. Babban yatsansa na dama ya daɗe yana lanƙwasa. Da ya fara cin nama a kan hanya, sai ya yi abin da mutanenmu na tasha ke yi wa kowane ciwo: ya ƙwaƙule gefen da reza, ya tsiyaya man birki, ya ɗaure da tsumma, ya mayar da takalmi. Mu a wurinmu man birki maganin komai ne. In ya yi zafi, sai a ce yana aiki.

Ranar da ya zo benci ana ɗora wa motarsa kaya, doguwar tafiya ce a gabansa. Ya zauna ya miƙa ƙafa.

"Likitan ƙasa, ɗan tsinke min gefen nan in tafi."

Tsugunau ya kwance tsumman. Ina daga rumfata na ga ya daɗe bai ɗago ba. Yatsan ya kumbura ya yi sheƙi, gefen yana fitar da ruwa, jan ya haura har bayan ƙafa. Ya danna wurin da yatsa.

"Ka ji zafi?"

"Ko kaɗan. Ka ga ya fara warkewa ke nan."

"Rashin jin zafin ne ba na so. Dogo, da me kake taka birki?"

"Da ƙafa mana, da kunne zan taka?"

"Da wane gefen ƙafar?"

Ashe Yaya ya kwana biyu da diddige yake dannawa, a karkace.

Tsugunau ya wanke wurin da ruwan gishiri, ya rufe da sabuwar auduga, ya mayar da ƙarafansa kan tsumma.

"Wannan ba nawa ba ne. Asibiti za ka, yau."

"Sai na dawo."

"In ka tafi da ƙafar nan, ba lallai ta dawo tare da kai ba."

"Kai fa mai yankan farce ne. Yanke farce."

"Shi ya sa na ce ba nawa ba ne."

Yaya ya zura takalmi yana tsaki, ya ce akwai masu yanka a kowace tasha da ba su da dogon surutu. Gaskiya ya faɗa, akwai su.

Tsugunau ya fara zuwa wurina. Ya ce, "Ka yi wa yayanka magana, ko zai ji naka." Na ajiye walda na je. Yaya ya dube ni sama da ƙasa ya ce shi ya goye ni, ban isa in koya masa tafiya da ƙafarsa ba. Na dawo na faɗa wa Tsugunau. Ya zauna a kan bencin da bai taɓa zama a kai ba, yana kallon ma'aikata suna ɗaure tamfol a kan kayan. Ya san abin da zai biyo baya in ya yi magana. Mai motar mutum ne da ba ya ajiye mota ta jira direba. Yaya kuma yana da iyali cike da gida, motar nan ce abincinsu. Da aka ja igiyar ƙarshe, Tsugunau ya miƙe ya nufi ofishin mai mota.

Ban shiga ba, amma ƙofa a buɗe take. Bai yi dogon bayani ba.

"Maigida, direbanka ba zai iya taka birki yadda ya kamata ba. Ƙafarsa ta kamu. In ya je asibiti yau, ina sa ran za a cece ta. Ka sa a cire takalmin ka gani da idonka."

Aka kira Yaya. Aka sa shi ya cire takalmi a gaban mutane. Wannan cire takalmin ne bai yafe ba har yau, ya fi masa ciwo a kan makullin motar da aka karɓe masa. Da ya fito ya tsaya a gaban Tsugunau, bai ɗaga murya ba.

"Shekara nawa ina miƙa maka ƙafata?"

"Da yawa."

"To ka gama ganinta."

Ni na kai shi asibiti, yana zagina tun daga tasha har bakin ƙofa. Suka kwantar da shi. Suka ce sugansa ya hau, shi ne ya kashe masa jin zafi, ciwon kuma ya kusa ƙashi. Suka yi masa allurar kashe wuri suka cire gefen farcen da ya nutse, suka ƙone tushen gefen don kada ya sake fitowa. Aka yi ta allurai da wankin ciwo, makonni yana ɗingishi da silifa. Yatsan ya tsira. Farcen ya fito ɗan siriri, ba kyan gani, amma yana nan. Motar kuwa ta tafi a ranar da wani direba, ba ta kuma dawo hannun Yaya ba. Yanzu ƙaramar motar kaya yake ja a cikin gari, abin da yake samu bai kai na da ba, matarsa ta fara ɗinki don a cike.

Mutanen tasha suka rabu biyu. Wasu suka ce ƙafar mutum aka ceta. Wasu suka ce Tsugunau ya ci amana, ya raba mutum da abincinsa. Akwai waɗanda suka daina zuwa benci, suka ce wanda ya tona na abokinsa zai tona nasu. Tsugunau bai kare kansa ba. Ko sau ɗaya ban ji ya ce ai ga shi likita ya gaskata shi ba. Abin da kawai yake yi, in na zo wucewa sai ya ce, ba tare da ya ɗago ba, "Ya ƙafar?" In ce da sauƙi. Ya ce, "A riƙa duba tsakanin yatsun. Kada ya yanka da kansa."

Ni ra'ayina ba ɓoyayye ba ne. Yanka farcen nan ya fi sauƙi. Da ya tsinke gefen, Yaya ya tafi yana sa masa albarka, duk abin da ya faru a hanya ba mai cewa laifin Tsugunau ne. Ya zaɓi wanda zai sa a zage shi.

Tsugunau, kai ne ka yi rayuwarka kanka a ƙasa don wasu su yi tafiya kansu a sama. Kai ne ka riƙe ƙafar da mai ita ke ƙyama, ba ka taɓa yamutsa fuska ba. Ka san iyakar almakashinka, ka tsaya a nan. Mu masu aikin hannu da yawa ba mu iya wannan ba, in aka kawo mana abin da ya fi ƙarfinmu sai mu ce kawo a gwada. Ka yi asarar aboki a kan yatsa ɗaya, na kuma san abin yana cinka, don ina ganin yadda hannunka ke tsayawa in ka ji ƙarar motarsa.

Masu karatu, ba wani abu mai wuya nake roƙo ba. Ku sayi takalmin da ya ishe ku. Ku yanka farce a miƙe. Ku bar man birki a cikin mota. Mai ciwon suga ya riƙa duba ƙafarsa kullum, ya ga ja ko kumburi ko ruwa ya nufi asibiti, kada ya jira zafi, don zafin ba lallai ya zo ba. In kuna da tsoho a gida da ba ya iya sunkuyawa, ku cire masa safa ku duba, ba zai roƙe ku ba. Wanda kuma ke da sana'a a hannu, ya koyi cewa "wannan ba nawa ba ne", ko da za a ji haushinsa.

Yaya bai san na rubuta wannan ba, in ya ji kuma zan sha zagi. Godiyar da ya kamata ta fito daga bakinsa ce nake yi, a madadin matarsa da 'ya'yansa da ni kaina. Allah ya saka maka da alheri, ya ƙara wa idonka haske, ya ba ka masu kula da kai yadda ka kula da mutane. Ban yi maka alkawarin zai sauko ba, na san halin gidanmu. Kullum da safe yana bi ta gaban bencinka, ya kau da kai, ba sallama. Amma ka dube shi da kyau kafin ka tattara kayanka: da ƙafa biyu yake wuce ka.