Fensirin Goggo da Dawa Mai Lamba 318

Ƙarfe bakwai da rabi Goggo Mai Fensir take buɗe ɗakin ajiyar iri na cibiyar binciken amfanin gona. Takan fara duba ma'aunin sanyi, ta ɗaura atamfa a kan rigar aiki, sannan ta zauna da rariya da tire tana tsince tsakuwa da ƙwayar da ƙwaro ya huda. Ta jera ƙwaya ɗari a kan jiƙaƙƙen ƙyalle don ta ga nawa za su tsiro. Shekara talatin da huɗu ke nan tana wannan aiki, da guntun fensir a maƙale a bakin ɗankwalinta. A makon jiya ta yi ritaya.

Fom ɗin ofis abu uku yake nema a kan kowane ambulan na iri: lamba, suna, kwanan wata. Ita kuwa Goggo sai ta juya bayan ambulan ta tsare wanda ya kawo irin da tambaya. "Wa ya ba ka? Shi kuma a ina ya samo? Uwarsa ta noma shi?" Duk amsar da aka bayar sai ta rubuta. Manoma sun san da haka, shi ya sa in suka zo sukan wuce ofisoshi huɗu masu labule, kai tsaye su nufi ɗakinta mai ƙamshin ƙaiƙayi.

Ɗaya daga cikin ofisoshin nan na Dakta ne, shugaban sashen, kuma shi abin ya fi ci wa rai. Mutum ne masani, ba a ƙwace masa wannan. In ya fara bayanin yadda masara da rogo da gyaɗa suka tsallako teku daga nahiyar Amurka, ko yadda dawa ta bar Afirka ta isa Indiya tun dubban shekaru, har masu shara sukan jingine tsintsiya. Amma bai taɓa ganin manomi ya kawo masa ƙullin iri a aljihu ba. Yana zaune zai ji an leƙo an ce, "Ranka ya daɗe, Goggo tana nan?" Ya nuna hanya da biro, ya koma karatu, layi ɗaya ya maimaita shi sau biyar. Kishi ne tsagwaronsa, kuma ya san kishi ne.

Da aka kawo kwamfuta da sababbin ledoji masu hana iska shiga, sai ya samu ƙofa. Ya ba da umarni a juye iri duka, a zubar da tsofaffin ambulan. Har takardar tuhuma ya taɓa ba ta kan ɓata kayan ofis da rubutu.

"Goggo, nan cibiyar kimiyya ce. Labarin kakannin mutane ba ya cikin aikinmu."

"To, Dakta," in ji ta. Ta juye irin kamar yadda aka ce. Ambulan ɗin kuwa ta cika kwali shida da su, ta tura ƙarƙashin teburinta, ta rufe da tsohon labule.

Bayan shekara tara injin sanyi ya lalace lokacin dogon hutu, ba a farga ba sai da zafi ya gama ɓarna. Cikin abin da ya mutu har da wata jar dawa mai lamba 318, wadda take nuna kafin ruwa ya ɗauke. A kanta Dakta ya ɗora binciken shekara bakwai, kuma ya riga ya yi wa manoman ƙauyuka alkawarin irinta. Goggo ta jera ƙwaya ɗari, ko ɗaya ba ta tsiro ba. Dakta ya buɗe kwamfuta, abin da ke ciki kawai: dawa, ja, daga kasuwa. Wace kasuwa, a hannun wa, babu.

Kwana biyu yana zagaye ƙofarta kafin ya iya shiga. Bai ma gama kame-kame ba sai ta jawo kwali na huɗu. A bayan ambulan ɗin 318 an rubuta sunan ƙauye da fensir, sannan: mai sayar da tsintsiya ce ta kawo, mijinta direban babbar mota ya samo a wurin wani maƙeri can bayan duwatsu, babbar 'yarta tana nomawa, gida na uku daga rijiyar makaranta. Dakta da kansa ya ɗauki Goggo, ya tuƙa mota awa shida. Suka tarar da zangarniyar dawar a rataye a ɗakin girkin 'yar, hayaƙi ya dafe ta, amma da ranta. Matar ta rungume Goggo, shi kuma ta miƙa masa kujera ta ce, "Sannu da hanya, direba."

Binciken ya fito, ya ci lambar yabo. A shafin godiya akwai cibiyar, akwai uwargidansa, babu Goggo.

Goggo, ke ce kika gane cewa duk tafiyar da masara ta yi a duniya, a hannun mutane ta yi ta, wani ya ƙulle a gefen zane ya ba wani. Littattafai sun riƙe sunayen nahiyoyi, ke kika riƙe sunan mai tsintsiya. Uwar iri, mai kunnen sauraro.

Ranar bankwana Dakta aka ba jawabi. Ya zo da shafi uku kan tarihin tumatir da albasa, ya karanta rabin shafi, sai ya ninke takardar.

"Jama'a, shekara ashirin ina kishin matar nan. Na so a ce ni manoma suke nema. Ni na ce a zubar da ambulanta, kuma da ta bi maganata da babu lambar yabon da ke rataye a ofishina. Da gangan na ƙi sa sunanta a shafin godiya. Har yau da nake maganar nan kishin bai sake ni ba."

Goggo ta gyara ɗankwali ta ce, "Ai na sani, Dakta. Mai amsa gaisuwa da hanci ba ya ɓuya." Aka yi dariya, shi ma ya yi ta dole. Sai ta miƙa masa sabon ambulan mai ɗauke da ƙwayar 318. Ya juya bayan. Ga maƙeri, ga direba, ga mai tsintsiya, ga 'yarta, sannan layi na ƙarshe: Dakta ne ya je ya dawo da ita, shi ya tuƙa mota awa shida. Ya duba sama da ƙasa, bai ga inda ta sa nata sunan ba. Ya nemi kujera ya zauna.

Mun gode, Goggo. Allah ya ba ki hutu mai daɗi da lafiyar gwiwa. Masu aiki a ɗakunan da ba a leƙawa, ku riƙa tambayar wa ya kawo, ku rubuta. Masu ofis da labule kuma, ku faɗi sunan wanda ya taimake ku tun yana jin ku. Washegarin bankwanar an ga Dakta a ɗakin iri ya jawo kujera gaban wani manomi, yana tambaya a hankali, "Shi kuma wa ya ba shi?" Manomin ya amsa, sannan ya waiga ya ce, "Ranka ya daɗe, yau Goggo ba ta zo ba ne?"