Gunnar Gwaggo Kulu

Duk matar da ta yi karatu a hannun Gwaggo Kulu a Ƙofa ta taɓa karan hancinta. Idan sabuwar ɗaliba ta zo, ko da ta girme ta, Gwaggo takan kama yatsanta ta ɗora a kan hancinta ita Gwaggo, sannan ta ja karatu. Da ta iso kan nun ko mim mai shadda sai ta tsaya a kai, matar ta ji wani abu yana rawa a ƙarƙashin yatsanta kamar zuma ta shiga tulu. Sai Gwaggo ta ce, "Kin ji ta? Ita ce gunna. To ɗora a naki ki nemo ta."

Gwaggo Kulu yayar mahaifina ce. An haife ta a wata ruga a gefen dajin Falgore. Mahaifinsu yana kiwo yana noma, mahaifiyarsu kuma 'yar Doguwa ce. Ita ce babba, don haka ita ke kora maruƙa bakin rafi tun kafin ta kai shekara goma. Ta sha ba ni labarin wani abu da ta gani a can. Wasu mafarauta ne suka kama ɗan barewa suka tafi da shi. Washegari uwar ta dawo daidai wurin, ta tsaya tana kuka, ta sake dawowa jibi, ta sake dawowa gata. Abin da ya tsaya wa Gwaggo a rai shi ne bakin barewar a rufe yake, amma kukan yana fita.

Aure ne ya kawo ta Ƙofa, gidan Malam Jibrin tela, wanda ya yi karatun tajwidi a Zariya kafin ya zauna kan keken ɗinki. Shi ya koya mata, kullum bayan ya dawo daga sallar asuba, kafin ta hura wuta. Ranar da suka iso kan gunna ya gaya mata cewa kalmar Larabci ce, ma'anarta sautin da ke fita ta hanci wanda harshe ba shi da aiki a cikinsa, kuma malamai sun kamanta ta da kukan barewar da ɗanta ya ɓata. Gwaggo ta ce ta daɗe tana kallonsa, sannan ta ce, "Malam, kai a takarda ka gani. Ni na ji da kunnena." Ta rufe baki ta yi masa irin kukan. Malam Jibrin ya ajiye littafin ya ce a wannan babin ba shi da abin da zai ƙara mata.

Ta haihu sau biyar, ɗaya ce ta rayu, Nusaiba. Ita ta gaji muryarta da hancinta, har idan suna tilawa tare a ɗaki, daga tsakar gida ba a gane ta wa ce ta wa. Bayan rasuwar Malam Jibrin Gwaggo ta buɗe karatun matan aure a tsakar gidanta, tsakanin azahar da la'asar, daga Asabar zuwa Laraba, ita a gaba Nusaiba a gefenta. Da safe kuma tana matsar man gyaɗa, da shi take ci. Nusaiba ta rasu wajen haihuwa tana da shekara ashirin da uku, jaririn ma bai zauna ba. Kwana takwas da rasuwar Gwaggo ta shimfiɗa tabarmi ta aika a gaya wa mata su dawo. Matan sun ce daga ranar gunnarta ta ƙara tsawo. Ita ba ta yarda ba. "Haraka biyu ce," in ji ta, tana naɗe yatsa tana buɗewa kamar yadda ake auna tsawonta. "Ba ta ƙaruwa don an yi mutuwa."

Mu a Kiru muke, amma duk hutu wurinta ake kai ni. Ban taɓa zama cikin sahun masu karatu ba. Bayan rumbu nake laɓewa ina motsa leɓe. Ko a makaranta haka nake, idan aka ce in tashi in yi magana sai gumi ya karyo min. Gwaggo ba ta taɓa matsa min ba, sai dai in ta wuce ta ja min kunne ta ce, "Muhsina mai bakin aro, tsoro take kada ya ƙare."

A shekarata ta ƙarshe a jami'a, a sashen Hausa, na zaɓi yin bincikena kan sautukan da ake kira 'yan hanci, wato irin su m da n. Malaminmu ya ce waɗanda suka ƙirƙiro kalmomin nazarin harshe da Hausa sun duba hanyar da iska ke bi ne: baki ya toshe, ƙofar da ke can bayan baki ta buɗe, iska ta fita ta hanci. Sai suka ce ɗan hanci, kamar yadda ake cewa ɗan Kiru ko ɗan Bebeji. Ya ce kowa ya je ya naɗo muryar dattawan garinsu. Tun kafin ya rufe baki na san wurin wa zan je.

Na isa Ƙofa a farkon damina, an gama shukar gero. Na tarar ana karatu, mata kusan ashirin, wasu da goyo. Gwaggo tana fama da Luba, maƙwabciyarta mai sayar da daddawa, wadda ta fi kowa daɗewa a wurinta.

"Luba, wannan hancin naki na ado ne? Shekara sha ɗaya ina roƙonsa ya yi aiki."

"Malama, daddawa ce ta kashe shi. Ki tambayi Kyauta, ita ma da take saye ba ta jin warinta."

"Ni kada ki sa ni a ciki," in ji Kyauta, "nawa hancin, mijina ya biya sadakinsa."

Aka yi dariya, Gwaggo ma ta yi, tana share hanci da gefen mayafi. Na lura tana yawan yin haka. Na tambaye ta, ta ce mura ce ta sauyin yanayi, tana turara habbatus sauda da tafarnuwa.

Da mata suka watse na yi mata bayanin abin da ya kawo ni, na gaya mata sunan da muke kiran abin da shi a jami'a. Ta maimaita a hankali. "Ɗan hanci. To, sun faɗi garinsu. Ba su faɗi abin da ya same shi ba."

Na fito da waya na ce ta yi min tilawa ko da surar ƙarshe ce, wadda gunna ta cika ta. Ta kalli wayar kamar an ajiye mata ƙadangare a tabarma.

"Wa zai saurara?"

"Malaminmu ne kawai, Gwaggo. Sai wataƙila wanda zai duba aikin."

"Maza ke nan. Muhsina, tun da aka kawo ni gidan nan karatuna bai taɓa ƙetare zaure ba. Yanzu da furfurata zai hau achaɓa ya tafi Kano? A'a. Kuma karatu ba a waya ake ajiye shi ba."

Ta ga idona ya cika, sai ta sassauto. Ta ce in kalmomi ne kawai nake so, nono da manja ba karatu ba ne, za ta faɗa. Na karanto mata jerin da na rubuto, tana maimaitawa tana dariya, tana cewa boko bai da aikin yi. Naɗin duka daƙiƙa arba'in da bakwai ke nan.

Bayan la'asar muna ɓarar gyaɗa ta yi min maganar da ban manta ba. Ta ce tun da Nusaiba ta tafi take neman wadda za ta bar wa karatun, ba ta samu ba. Luba ta haddace fiye da kowa, amma gunnarta a baki take tsayawa. Ta ce, "Ke kina da ita. Na ji ki kina guna-guni wajen wanke-wanke, kin ɗauka ba kowa. Ki zauna min kwana arba'in. Ki ɗora yatsa, ki ji, ki yi a gaban mata har kunyar ta gaji ta tafi."

Na ce sai na miƙa bincikena, bayan jarrabawa zan dawo. Haka ne, akwai jarrabawa. Amma hutun da muke ciki ya kai kwana arba'in har da ɗori, kuma Gwaggo ta san haka. Abin da ya kore ni shi ne tabarmar nan da idanun mata ashirin. Da safe ta ɗaure min man gyaɗa a gora ta raka ni har bakin zaure.

Wata biyar ban koma ba. A tsakani Babanmu ya ce min murar ta ƙi tafiya, daga baya ya ce jini ya fara biyowa, ya ɗauke ta da kansa zuwa wani asibiti a Kano. Suka ce tsiro ne a can cikin hanci, ciwon daji, kuma ya riga ya yi nisa. Duk watannin nan hayaƙi take shaƙa tana jiran damina ta wuce.

Ranar da na gama jarrabawar ƙarshe na wuce Ƙofa ko gida ban biya ba. Ana girbin dawa. Luba ce a gaban tabarmi, Gwaggo tana ɗaki. Na gaishe ta, ta amsa, ban gane muryar ba. Hancin ya toshe gaba ɗaya, sunana ma bai fito daidai a bakinta ba. Kunnenta ɗaya ya mutu, ɗayan sai an ɗaga murya. Luba ta gaya min ranar da Gwaggo ta ɗora yatsa a hancinta ta ja karatu ba ta ji komai ba, sai ta rufe littafin ta ce, "Luba, karɓi." Tun daga ranar a zuci take tilawa. Ta ce ba za ta jiyar da mata karatu mai rauni su ɗauka haka yake ba.

Na durƙusa na ce, "Gwaggo, na zo. Kwana arba'in ɗin."

Ta daɗe tana kallona. Sannan ta miƙo hannu ta ɗora yatsanta a karan hancina, ta yi min alama in fara. Na fara a hankali kamar kullum. Ta girgiza kai, ta nuna ƙofa. Na gane. Muka fito da ita, Luba ta matsa mata, na zauna a gabanta mata suna bayana. Gumi yana bin bayana har ƙugu. Na rufe ido na ja surar ƙarshe da ƙarfi, karo na farko a rayuwata.

Haka muka yi kwana goma sha ɗaya. Ba ta jin muryata sosai, da yatsa take saurare. In na gajarta sai ta danna, in na zarce sai ta ɗage yatsan. Wani lokaci na ga leɓenta a rufe, maƙogwaronta yana motsi, tana ƙoƙarin yi min in ji, ba abin da ke fita sai huci. Sai ta kawar da kai.

A rana ta goma sha ɗaya na kai ƙarshen sura ba ta danna ba, ba ta ɗage ba. Na matso kusa da kunnenta mai ji na ce, "Gwaggo, ta yi? Irin taki ce?"

Ba ta saba yi wa ɗaliba ƙarya ba, ko don ta ji daɗi. Ta ce, "Tsawon ya yi." Ta huta. "Sauran sai an ji ake ɗauka. Da kin zauna da damina."

Washegari ba ta iya fitowa ba. Ta rasu ranar wata Talata da hantsi, aka kai ta kusa da Nusaiba.

Bayan sadakar bakwai matan suka taru a tsakar gidan, ba don karatu ba, sun dai kasa zama a gidajensu a wannan lokacin. Kyauta ta ce ita har ta fara mance yadda muryar take kafin ciwon. Sai na tuna da wayata. Ban taɓa kunna naɗin a gaban namiji ba, a takarda na rubuta wa malaminmu abin da ke ciki. Na duba zaure, ba kowa, na kunna.

Muryar Gwaggo ta fito lafiya lau. Nono. Manja. Tambaya. Dariya, da boko bai da aikin yi. Gwanda. Sai ta iso kan hannu, kuma sabon shekara arba'in ya rinjaye ta, ta tsaya a kan n ɗin, haraka biyu cif, kamar tana gaban allo. A duk naɗin wuri ɗaya ne.

Luba ta matso ta karɓi wayar, ta juya ta tana neman inda sauti ke fita, ta ɗora yatsanta a kai.

"Sake, Muhsina," in ji ta.

Na mayar baya na sake kunnawa. Kyauta ta riga ta miƙo nata yatsan tana jira.