Lissafin Doguwa Biyu

Shekarar da kumandan, Nasaran da ke mulkin Dogon Dutsi, ya haɗe ƙauyenmu da na gabas, matata ta daina magana. Ba ciwo ya kama ta ba. Lissafi aka yi da ita.

An ce mu tashi mu koma bakin hanyar mota, mu da mutanen gabas, gari ɗaya, don kada gardi, dogarin kumandan, ya ƙara wahalar neman 'yan aikin tilas cikin daji. Muka kwance bukkoki, muka tafi. Tashin bai dami tsofaffi ba kamar abu ɗaya. Kowane ƙauye da doguwarsa, iskar da ke tsaron ƙasa. Tamu in za ta yi magana kan matata take hawa, yadda ta hau uwarta. Matar da doguwar gabas ke hawa ta rasu, ba a samu wata ba. Kuma ba a taɓa jin doguwa biyu sun zauna gari ɗaya ba. Mata suka fara hana yara fita da tsakar rana.

Sai tafintan kumandan ya zo. Saurayi ne, ya yi lakwal, makarantar Nasara, yana sa takalmi ko cikin zafi. Kumandan ya ce masa ba ya son jin rigima, shi kuwa ya ce yana da lissafin da zai kwantar da iskoki. Ya tara mu a inuwa, ya share ƙasa, ya zana da'ira biyu, gefen ɗaya cikin ɗaya. Ya zuba tsakuwa a tamu. Tsakuwa ta ƙare masa, sai ya cike ta gabas da kashin awaki.

Wani tsohon gabas ya ce, "Yaro, tamu ce kashin?"

Wani daga cikinmu ya ce, "Ai ya san ku."

Aka yi dariya. Ita ce ta ƙarshe da na yi a garin nan.

Tafinta ya ce kowace iska da nauyinta, kamar damin hatsi. Tamu sanyi gare ta, tasu zafi. In an bar su biyu, mai nauyi ta ture maras nauyi, abin da ya zube ya zube kan gari, ko fari ko ciwo. Amma in an zuba su mazubi ɗaya, zafi ya ci sanyi, sanyi ya ci zafi, saura sifiri. Yana faɗi yana ɗauke tsakuwa ɗaya, kashi ɗaya, yana jefarwa.

Na ce, "Mi ne sifiri?"

Ya ce, "Babu."

"To ka tara mu ka nuna mana babu?"

Ya ce da irin wannan Nasara ke gina gada. Sannan ya tofa tuƙar goro daidai inda da'irorin suka haɗu, ya ce ga mazubin. Na tambaye shi wane ne. Ya ce matata.

Maigari kawuna ne, ƙanen uwata. Na dube shi. Kai yake gyaɗawa. Na san bai gane komai ba, ko awakinsa sai ɗiyarsa ta ƙirga masa. Duk dattawan haka suke gyaɗa kai, kamar ƙadangaru bisa katanga. Ba lissafin suke gani ba, bulalar gardi suke gani.

Na ce ban yarda ba. Kawu ya ce, "Ɗana, abin gari ne." Na ce matar tawa ce.

A gida ta ce mini, "Maigida, innata ba ta taɓa ɗaukar biyu ba." Amma tari ya shiga yara a watan nan, mata suka riƙa zuwa suna zama bakin ƙofarta ba sa cewa komai. Wata ta ajiye ɗanta gabanta yana tari, ta tafi ta bar shi. Washegari matata ta ce a kira mai goge.

Da la'asar aka yi. Tafinta ya zauna kan kujera, zanensa a gabansa, sanda a hannu. In ya ɗaga sanda mai goge ya ja kiɗan doguwarmu, in ya sauke ya ja na gabas. Tsohon mai gogen ya ce ba a yin haka. Gardi ya matso, tsohon ya ja goge. Tamu ta zo, na san tafiyarta. Ba ta ko gaisa da mutane ba aka juya kiɗa. Aka sake juyawa. Matata ta tsaya tsakiyar fili, ƙafa ɗaya na son gaba, ɗaya na son baya. Ta buɗe baki, wani ƙara ya fito wanda ban taɓa ji ba. Ta faɗi, ta ciji harshe, jini da kumfa suka haɗu da ƙasa.

Tafinta ya duba zanensa, bai dube ta ba. Ya ce, "Ya daidaita." Ya goge zanen da takalmi.

Aka yanka akuya. Na ɗauki matata a kafaɗa na ratsa ta cikinsu, suna rabon nama. Kawu ya aiko mini da cinya. Na ba kare.

Harshen ya warke. Tana daka, tana ɗebo ruwa, tana yi wa yara wanka. Magana dai babu. Doguwa ma ba ta ƙara hawanta ba, ko tamu ko tasu. Tarin ya wuce da kansa, suka ce lissafi ya yi aiki. Waɗanda suka zauna bakin ƙofarta suka daina gaishe ta, wai kallonta na ba su tsoro.

Bayan damina rijiyar sabon garin ta yi ɗaci. Tafinta ya dawo, ya ce ya gano kuskure, nauyin doguwar gabas ya fi yadda ya sa, sai an sake. Kawu ya zo gidana da safe, ya zauna, ya fara doguwar gaisuwa. Ban bari ya kai ga maganar ba. Na ce masa ya tashi. Ranar nan na ɗaura kaya bisa jaki, na sa ta gaba da yara, muka koma inda muka fito.

Gardi ya biyo ni, ya doke ni, aka kai ni aikin hanya. Da aka sake ni na koma. Suka gaji suka bar ni.

Ina nan kufan tsohon ƙauyenmu, yamma da hanyar Gecheme, ni da ita. Yara sun girma sun watse. Har yau ba ta yi magana ba, kuma ba wanda ya ƙara ja mata goge.