Sawuna a Yashin Maƙwabciya

Ranar Asabar ɗin da ta wuce ina zaune a ɗakina a unguwar Withington ta Manchester sai na ji tafi daga talabijin ɗin flat ɗin da ke sama da ni. Irin tafin nan ne da 'yan kallo ke farawa a hankali suna ƙara sauri, kafin ɗan wasa ya sheƙo da gudu ya yi tsalle. Ban san lokacin da na ajiye cokali ba. Da irin wannan tafin maƙwabciyarmu ta Handsworth, unguwar da na taso a wani garin, ke kirana lokacin ina firamare.

'Yar Jamaika ce, doguwa, tana ɗan jan ƙafar hagu. Anti muke ce mata. An ce ta taɓa wakiltar ƙasarta a wasan tsalle uku, wanda mutum zai ɗingisa da ƙafa ɗaya, ya yi dogon taku, sannan ya faɗa cikin yashi. Na ce "an ce" ne don ban taɓa ganin kofi ko hoto a falonta ba, Baba kuma yakan yi murmushi kawai in an yi zancen. Abin da na sani shi ne ta bar wasa saboda gwiwa, kuma ta haƙa rami a ƙarshen dogon tsakar gidanta na baya ta cika shi da yashi. Wata rana ta gan ni ina tsallake kududdufi a bakin titi, ta je ta roƙi Umma a bar ni in riƙa zuwa.

Da bazarar shekarar ne Kaka, mahaifiyar Baba, ta zo daga Kano ganin likitan ido. Ɗakin sama aka ba ta, tagarsa na kallon gidan Anti. Rana ba ta faɗuwa da wuri a wannan lokacin, don haka Kaka tana idar da la'asar take jan kujera ta zauna da carbinta. Ku duba abin da ta gani: mace ta share yashi ta lallashe shi sumul, ta sa jikar Kaka ta faɗa ciki, sannan ta durƙusa tana ƙare wa sawun kallo tana magana ita kaɗai, ta ɗebi yashin ta murza, ta kuma jawo igiyar awo.

Da aka zauna cin tuwo Kaka ta ture kwano.

"Kai likita, da iliminka ka bari ana buga ƙasa da 'yarka? A garinmu ko sawun akuya ba a barin baƙo ya ɗiba. Kuma mai rai ake aunawa?"

Baba ya ce, "Hajiya, wasa ne fa."

"Wasa? Wane ne ya ga ta ci wasan? Ke kuma mai ƙafar zalɓe, kada in sake ganin ki a can."

Baba ba ya musu da mahaifiyarsa. Na daina zuwa. Kullum da yamma ina jin tafin ta bayan shingen katako, ina kwance ina kuka. Gaskiya ni ma sai da zuciyata ta fara rawa. Na riƙa tambayar kaina me ya sa Anti take magana da yashi, me ya sa duk yaran layin ni ta zaɓa.

Anti ce ta gaji ta ƙwanƙwasa ƙofa. Umma na wurin aiki, sai ni na yi tafinta, ina rage zafin maganar kowacce. Anti ta saurara har ƙarshe ba ta yi dariya ba. Ta ce kakarta ma ba ta yarda a bar gashin kai a matsefi a gidan mutane. Sai ta ce Kaka ta zo ta riƙe manjagara da kanta, ta share sawun da hannunta, dama gwiwarta ta gaji da jan yashi.

Kaka ta ce, "Gaya mata zan zo. Kuma gaya mata idona biyu, ko da ɗaya likita ya rufe."

Haka muka ƙarasa bazarar. Kaka da mayafi da rigar sanyin Baba, tsaye a bakin rami. Ina faɗawa, kafin in miƙe ta riga ta ja manjagara tana bismillah. Anti ta ɗaga hannu sama tana ihu, "Mama, ban auna ba!" Kaka ta ce, "Ai shi ya sa." Dole Anti ta koma gyara min gudu da kunne, tana sauraron yadda ƙafata ke sauka. Ni kuwa ban ƙara sanin iya nisan da nake kaiwa ba.

A wata ƙaramar gasar yara a nan Manchester aka fara auna ni a bainar jama'a. Mun hau jirgin ƙasa mu huɗu, ni da Kaka da Anti da Baba. Da Turawan suka kafa sanda a sawuna sai na waiwaya wajen Kaka. Ko motsi ba ta yi ba. Na zo ta biyu. A hanyar komawa na tambaye ta me ya sa ta ƙyale su.

"Waɗancan? Ba abin da suka sani. Wannan dai," ta nuna da baki wajen Anti da ke gyangyaɗi, "ita ce abin sa ido."

Duk da haka ta ciro goro ta ajiye mata a cinya.

Na yi wasan har na shiga uni, sannan karatu ya cinye shi, ko kuma tsoro ne, ban tabbata ba. Layinmu ya canza, yaran yanzu a fili mai shimfiɗar roba ake koya musu, iyaye na ɗauka da waya. Bara Anti ta sayar da gidan ta koma Jamaika. Na kira Kaka a Kano na gaya mata.

"Allah Ya kai ta lafiya," ta ce. "Ta tafi da yashin?"

Na ce a'a. Amma ban je na duba ba.