Da'irar da Baffa Ya Shiga

Jiya na ga 'yan ƙwallon Amurka a talabijin sun yi da'ira sun sunkuya, sai na tuna malamin da ke horar da mu ƙwallon ƙafa a Jimeta, zamanin Jihar Arewa maso Gabas. Ba'amurke ne, ya buga irin ƙwallonsu har gwiwarsa ta lalace.

Kafin kowane wasa yakan tara mu goshi da goshi, muna shaƙar warin gumin juna. Sai magana ta bazu a unguwarmu ta Alkalawa cewa tsafi muke yi. Baffana ya hana ni wasa.

Malamin ya ɗingiso har zaurenmu, ya cire takalmi, ya ce, "Baffa, zo fili ka ji da kunnenka."

Baffa ya zo da babbar rigarsa, ya sunkuya a tsakaninmu. Abin da muke ji kullum daga bakin malamin shi ya ji: "Dubi na kusa da kai. In ya faɗi, kai za ka ɗaga shi."

Baffa ya gyara hula ya ce, "Wannan ne tsafin? To, ku ƙara."

Malamin ya rasu a ƙasarsu, sai daga baya muka ji. Allah ya sa ranar da ya faɗi akwai na kusa da shi.